Fred Perry: ɗan masaƙa da sunansa ya koma riga, mu kuma zakarunmu sai dai waƙa

Duk wanda ya taɓa tsugunawa gaban dilar gwanjo a Ƙofar Wambai ko Sabon Gari yana tona rigunan nan masu kwala, ya san akwai tambari biyu da mai kaya ke ƙara ma kuɗi da zarar ya ga idonka ya tsaya a kansu, mai kada da mai ganye. Mai ganyen nan, rassa biyu da aka ɗinka a ƙirji ta hagu sun zagayo ba su haɗe ba, ita ce Fred Perry. Yawancin masu saka ta, a gida da nan Ingila ɗin ma, sunan kamfani kawai suka ɗauke shi. To mutum ne, ɗan wasan tanis, kuma garin da aka haife shi, Stockport, nan ne kusa da inda nake zaune a gefen Manchester, shi ya sa labarinsa ya tsaya mun a rai har na ce bari in ɗan yi magana a kai, don akwai abun da ya kama mu a ciki ko da yake mu tanis bai dame mu ba.

An haife shi a 1909. Ubansa Samuel Perry ma'aikacin masaƙar auduga ne, tun yana yaro ya shiga aikin kaɗa zare, irin aikin nan da ƙurar auduga ke cinye ma mutum ƙirji. Stockport a lokacin gari ne na masaƙu da kamfanonin hula, har yau laƙabin ƙungiyar ƙwallonsu masu hula ne. Yanzun masaƙun sun mutu, wasu an maida su gidajen haya masu tsada, ɗaya an maida shi gidan tarihin hula. In ka bi ta wurin sai Kakuri, unguwar masaƙun Kaduna, ta faɗo maka a rai, kuma ba wai kama ce kawai ba fa, akwai alaƙa ta gaske. A nan Manchester aka kafa ƙungiyar BCGA a 1902 don nemo ma masaƙun wannan yankin auduga daga ƙasashen da suke mulka, kuma Arewacin Najeriya na cikin wuraren da suka fi sa ma rai, suka kafa injinan gurzar auduga a Zariya da Funtuwa da sauran wurare. Da jirgin ƙasa ya iso Kano manoma suka ga gyaɗa ta fi kawo kuɗi, audugar ma masaƙanmu na gida sun fi Turawan saya da daraja, lissafin bai fita yadda suka so ba. Daga baya da gwamnatin Sardauna za ta kafa masaƙar Kaduna a 1957, da wani kamfanin Lancashire aka haɗa hannu. Zan dawo kan 1957 ɗin nan.

Uban dai bai tsaya a masaƙa ba, ya shiga harkar ƙungiyar ma'aikata da jam'iyyar 'yan gama kai, ya zama sakatarenta na ƙasa, aikin ya maida iyalin Landan, unguwar Ealing, har ma ya ci zaɓen majalisa a Kettering a 1923 da 1929. Wato in za a faɗi gaskiya Fred ba talaka futuk ba ne, bai kwana da yunwa ba, masu tallan rigar sun fi son a ce ɗan masaƙa kawai a yi shiru. Amma a Ingilar wancan lokacin wannan bai wanke shi ba, ƙila ma ya ƙara ɓata shi, ɗan arewacin ƙasar, bai yi makarantun 'ya'yan manya ba, bai je Oxford ko Cambridge ba, uban kuma ɗan jam'iyyar ma'aikata. A wurin masu tanis wannan laifi uku ne a jere.

Da ƙwallon tebur ya fara. Shi ya koya ma kansa, ya ci kofin duniya na ƙwallon tebur a Budapest a 1929 yana ɗan shekara 19, sannan ya ajiye ta ya koma tanis gaba ɗaya, wanda dama ya fara bugawa a filin unguwarsu ta Brentham, ba a wani kulob na manya ba. Riƙon da yake ma abun bugu da yadda yake tarar ƙwallo da wuri tun tana tasowa daga ƙasa duk daga tebur ya kwaso su.

Yanzu ga inda nake so a gane yadda ake toshe ma talaka hanya ba tare da an rubuta "ba talaka" a ƙofa ba. Tanis na wancan zamanin dokarsa ita ce ba a biyan ɗan wasa. Wasa ne na sha'awa, duk wanda ya karɓi kuɗi don ya buga to ya fita daga sahun mutanen kirki, ba shi ba Wimbledon, ba shi ba sauran manyan gasa, kuma haka aka tafi har 1968. A ji a baki kaman tsarki ne, wai kar kuɗi ya ɓata wasa. Amma wa zai iya yin wata da watanni yana yawo a jirgin ruwa daga Landan zuwa Amurka zuwa Ostireliya yana buga wasan da ba a biya? Sai wanda ubansa ya tara masa. Dokar ba ta ce kar ɗan leburan ya zo ba, ta dai tabbatar in ya zo ba zai daɗe ba.

Shi kuma da ya zo bai zo da ladabin da suke so ba. Ba ya ɓoye cewa cin wasa ya zo yi, alhali tarbiyyarsu ita ce ka nuna kaman ko a jikinka. Yana zolayar abokin karawa, in ya ci sai ya tsallake raga da gudu don a ga bai gaji ba, yana canza kaya a tsakiyar wasa don kullum a gan shi fes, sannan ya je yana atisaye tare da 'yan ƙwallon Arsenal don ƙarfin jiki, abun da a wurin manyan kulob ɗin ya yi kama da aikin lebura, ɗan gidan mutunci ai ba ya haki. To ya ci gasar Amurka a 1933 da 1934 da 1936, ya ci ta Ostireliya a 1934, ta Faransa a 1935, Wimbledon kuma sau uku a jere, 1934, 1935, 1936. Shi ne mutum na farko da ya haɗa manyan kofunan nan huɗu duka a rayuwarsa. Shi da Bunny Austin suka je har Paris suka ƙwato kofin Davis, wanda ƙasashe ke karawa a kai, daga hannun Faransawa a 1933, Birtaniya ta riƙe shi shekara huɗu. Wasan ƙarshe na 1936 da ya yi da Gottfried von Cramm, wani basaraken Jamus, 6-1, 6-1, 6-0 aka tashi, ko awa ɗaya ba a yi ba, ko da yake Bajamushen ya ji ciwo a ƙafa tun farkon wasan. Bayan wannan ranar sai da maza 'yan Birtaniya suka yi shekara 77 ba su ƙara cin Wimbledon ba, sai Andy Murray a 2013.

Labarin da ya fi yawo a kansa na 1934 ne, kuma shi da bakinsa ya riƙa ba da shi har ya tsufa. Ya doke Jack Crawford ɗan Ostireliya a wasan ƙarshe, ɗan Ingila na farko da ya ci tun 1909, ya shiga wanka, sai ya jiyo wani babba na kulob ɗin yana gaya ma Crawford cewa yau ba wanda ya fi cancanta ne ya ci ba. Laktayen kulob da ake ba duk wanda ya ci kofin, alamar ya zama mamba, ba a miƙa masa hannu da hannu ba, rataye shi aka yi a jikin kujera ya fito ya tarar. Ɗan ƙasarsu fa, a filinsu, bayan shekara 25 suna jira.

Wallahi wannan wulaƙancin duk Bahaushe zai gane shi ba sai an masa bayani ba. Mu ba mu da irin rabe-raben Ingila da ake gane ajin mutum daga buɗe bakinsa, nan kam da ka ce sannu sun san unguwarku da makarantarka, amma muna da namu, sunansa asali. Mutum ya yi kuɗi ya yi ilimi ya gina masallaci, ranar da ya je neman aure gidan da suke ganin sun fi shi sai a tuno kakansa mahauci ne ko wanzami ko makaɗi. Bambancin da na gani shi ne mu muna faɗa a fili, tsohuwa za ta ce maka ba ma haɗa iri da su kai tsaye, su kuma nan ba wanda zai faɗa maka, murmushi za a yi maka a ce an gode da zuwa, sai dai ka tarar da laktayenka a kujera. Ni dai a cikin biyun na fi jin zafin na nan, don na gida ko ba komai ka san da wa kake faɗa.

Kuma wasanninmu ma a rabe suke haka. Folo na sarakai ne da masu kuɗi tun zamanin Sarkin Katsina Dikko da ɗansa Nagogo, har yau in ka je filin folo na Kaduna ko Kano ka san su waye a kan doki su waye ke riƙe da linzami a gefe. Tanis na kulob ɗin GRA ne, Turawa suka bar shi manyan ma'aikata suka gada, yaran unguwa kuma su ne masu tsintar ƙwallo, kuma abun mamaki daga cikin masu tsintar nan ake samun waɗanda suka fi iyawa. A Kano ana gasar Dala ta tanis shekara da shekaru, ɗan Najeriya Nduka Odizor ya kai zagaye na huɗu a Wimbledon a 1983, amma ka tambayi yaro a Fagge ko Tudun Wada ya kira maka ɗan tanis ɗaya na ƙasar. Dambe kuma asalinsa na mahauta ne, kokawa ta manoma bayan kaka. Kowa ya san wurinsa.

A ƙarshen 1936 Perry ya ce shi kam ya gaji da cin kofin da ba ya sayen burodi, ya sa hannu a kwantiragin wasan kuɗi ya tafi Amurka yana zagaya garuruwa yana karawa da Ellsworth Vines, mutane na biya suna kallo. Nan take kulob ɗin Wimbledon ya karɓe zama mamban da ya ba shi, hukumar tanis ta Ingila ta juya masa baya. Shi kuma gaba ta kai shi, gobarar Titi. Ya zauna a Kalifoniya, shi da Vines suka sayi kulob ɗin tanis na Beverly Hills, ya shiga cikin 'yan fim, ya yi aure-aure har huɗu a rayuwarsa, ya karɓi takardar zama ɗan Amurka, lokacin yaƙin duniya na biyu ma sojan saman Amurka ya yi ma aiki. Wasu a nan har yau suna ganin wannan a matsayin butulci. Ni ban ga butulci ba. Mu da muka bar gida muna wankin dare a ƙasar mutane mun san wannan maganar, wai kun gudu kun bar ƙasa, kuma yawanci wanda ke faɗa ɗin ubansa ne ya samo masa aiki a ma'aikatar gwamnati. Haka ake ce ma 'yan ƙwallonmu in sun fi ba kulob ɗinsu na Turai ƙarfi, ba a tuna alawus ɗin da ake riƙe masu wata da watanni.

Maganar riga kuma daga baya ta zo, bayan ƙarfinsa ya fara ja baya. A ƙarshen shekarun 1940 wani tsohon ɗan ƙwallon Ostiriya mai suna Tibby Wegner ya same shi da dabarar wani ɗan ƙyalle da ake sawa a wuyan hannu don share gumi, yana so ya sa sunan Perry a jiki. Suka gyara shi suka fara sayarwa, daga nan suka ce to mu yi riga. Ba su suka ƙirƙiro rigar ba, Bafaranshe René Lacoste, mai kadan nan, shi ma ɗan tanis ne kuma ya riga su tun 1933. Tasu ta fito a Wimbledon a 1952, fara sol, ta saƙar auduga mai ƙananan ramuka da iska ke shiga. An ce shi Perry lofe ya so a sa a matsayin tambari don mashayin lofe ne, Wegner ya hana, aka sa ganyen nan da Girkawan da ke naɗa ma zakara a ka, wanda kuma tsohuwar alama ce ta Wimbledon ɗin. Ka ji fa, wurin da ya kore shi, alamarsu ya ɗauka ya manna a ƙirjin duniya. Tallan kuma ba wani abu ba ne, kyauta suka riƙa raba rigar ma manyan 'yan wasa, talabijin ta fara shiga gidaje, mutane suka gani suka nema.

Sai 1957, shekarar da injinan Kakuri suka fara juyawa, aka fito da mai layi biyu a bakin kwala da bakin hannu, wadda suke kira M12, kuma ita ce ta fitar da rigar daga filin tanis ta shiga titi. Har yau a Leicester ake ɗinka wannan samfurin. Masaƙar Kaduna kuma an rufe ta a 2002, ma'aikata da yawa sun mutu suna jiran haƙƙinsu.

Waɗanda suka ɗauki rigar ba 'ya'yan masu kulob ba ne. Samarin unguwannin ma'aikata ne na Landan a shekarun 1960, waɗanda ake ce ma mods, yara masu aikin shago da masinja da kanikanci da suka fara samun ɗan albashin kansu, suna hawa Besfa da Lambretta, suna kwana rawa a kan kiɗan baƙaƙen Amurka da na Jamaika, kuma babban burinsu shi ne su fi ogansu tsaf. Rigar ta yi masu daidai don ana iya rufe maɓallinta har wuya a ɗora kwat a kai, a kwana ana gumi da safe tana nan ba ta yamutse ba. Daga su ta wuce wurin masu aske kai tal-kwabo da ake ce ma skinhead, sai 'yan rawar dare na arewacin Ingila a wurare irin su Wigan, sai 'yan kallon ƙwallo, a Manchester har akwai samarin da ake kira Perry Boys a ƙarshen shekarun 1970, sai mawaƙan shekarun 1990, har zuwa Amy Winehouse da kamfanin ya yi kaya da sunanta a 2010. Shi mai sunan bai shirya ko ɗaya daga cikin wannan ba, dattijo ne mai lofe yana sharhin wasa a rediyon BBC duk shekara, ban jin ya taɓa hawa Besfa.

Wannan ɓangaren ne ya fi burge ni, don mutane na yawan cewa talaka in ya sa kaya masu tsada wauta ce ko ƙarya. Ba su gane ba. Yaron da ke ɗaukan kaya a Kantin Kwari ya tara kuɗin wata uku ya yanki shadda ya kai ma tela tun kafin azumi ya kai bugu ranar jajibere, ba wai bai san lissafi ba ne, ya sani sarai, so yake ranar sallah in ya tsaya a sahu kusa da ɗan mai shagon ba wanda zai iya bambance su. Mai kuɗi na iya fita da tsohuwar riga a ce sauƙin kai ne. Nan ma haka yake, attajiran gado na Ingila su ne za ka gani da tsohuwar suwaita mai huji, don ba su da abun da za su nuna ma kowa. Talaka ba shi da wannan damar, tsaftarsa da gugarsa su ne mutuncinsa.

Sai dai kuma riga ba ta zaɓen mai saka ta. Skinhead ɗin farko a unguwa ɗaya suka tashi da 'ya'yan Jamaikawan da suka zo bayan 1948, kiɗa ɗaya suke ji, salon ma rabi daga wurinsu aka kwaso. A shekarun 1970 'yan wariyar launin fata suka kutsa cikinsu, rigar ta zama abun da ɗan Pakistan ko baƙar fata in ya hango a lungu sai ya canza hanya, alhali a daidai lokacin a Coventry wasu samarin farare da baƙaƙe na saka ita wannan rigar suna kiɗa tare don yaƙar wariyar. Kwanan baya kuma wata ƙungiyar masu tsattsauran ra'ayi ta Amurka, Proud Boys, ta maida baƙa mai layin ɗorawa yunifom ɗinta, har kamfanin ya fito a 2020 ya ce ba ruwansa da su kuma ya daina sayar da wannan kalar a Amurka tun 2019, a Kanada ma ya dakatar da ita. Mutanen Kano za su fahimci yadda wannan ke faruwa, ba wai ina haɗa tafiyar siyasa da 'yan wariya ba, Allah ya kiyaye, maganar kala nake. Jar hula da can hula ce kawai, dattawa na sa ta, Malam Aminu Kano ya sa ta, yau in ka sa ta ka ratsa Kano ka riga ka yi magana ko ba ka buɗe baki ba, kuma mai ɗinka hular ba shi da ta cewa.

Kar kuma a ɗauka ina cewa Ingila ta yi adalci a ƙarshe. Sai 1984, shekara 50 cif bayan kofinsa na farko, aka kafa mutum-mutuminsa a Wimbledon, lokacin ya kai 75 ba ya tsone ma kowa ido. Bai taɓa samun sarautar Sir ba, Murray ya samu. Ya rasu a Melbourne a watan Fabrairun 1995 bayan ya je kallon gasar Ostireliya, kuma a shekarar ce wani kamfanin Japan, Hit Union, ya saye kamfanin, shi dama ya daɗe da sayar da nasa hannun jarin. Rigar da ake tallatawa da sunan 'yan ƙwadago yau sabuwarta ta haura fam 70, kusan ladan wuni guda na mai ƙaramin albashi a nan, shi ya sa da yawanmu a shagon gwanjo na sadaka muke samunta, wato dai Ƙofar Wambai ce da na'urar ɗumama ɗaki. Tanis ɗin Ingila kuma har yau mafi yawa wasan masu hali ne, ka je Wimbledon ka kalli 'yan kallo ka gani.

Amma duk da haka sunan ɗan masaƙa ne a ƙirjin mutane daga Tokyo har Sabon Gari, ba sunan shugaban kulob ɗin da ya rataye laktaye a kujera ba, shi wannan ba mai tuna shi sai masu tonon tarihi. To mu fa? Mu ma muna sa ma sutura sunan mutane, sosai ma. Zanna Bukar hula ce, sunan minista ne na jamhuriya ta farko. Akwai kafin hula da ɗinkin da ake kira Shagari. Duk zaɓe sai an buga atamfa da fuskar ɗan takara. Ka duba jerin, 'yan siyasa ne da sarakai. Ina hular Shago ɗan dambe? Mutumin da sunansa ya cika ƙasar Hausa daga Zamfara har Maraɗi, abun da ya rage nasa waƙar da makaɗi ya yi masa ce, kuma Allah ya saka ma makaɗan don ba don su ba da ko sunan ba mu sani ba. A Nijar ana gasar takobin kokawa tun 1975, ƙasar gaba ɗaya na tsayawa cak a saurara, irin su Issaka Issaka sun ɗauki takobin sau da yawa, ana ba da kuɗi da doki da kyaututtuka, manya na ɗaukan hoto da su. A gidajen damben Kano da Dei-Dei ana sa mota da babur, ana liƙi, bidiyonsu miliyoyin mutane ke kallo a YouTube har Turawan da nake aiki da su sun taɓa nuna mun a waya suna tambaya ko da gaske ne. Duk wannan kyauta ce, kuma kyauta tana ƙarewa ranar da hannu ya daina kisa, daga nan sai ka ji ana neman taimakon kuɗin asibiti a Facebook.

Tsarinmu na ubangida ne, zakara na da mai gidansa da ke masa alheri, shi kuma yana jinjina masa a fili. Perry abun da ya ƙi kenan, kulob ɗin so suka yi ya zama yaronsu mai godiya. Ahmed Musa na cikin 'yan kaɗan da na ga sun gane wannan, ya ci ƙwallo biyu a ragar Ajantina a 2014 ya ƙara biyu a ragar Iceland a 2018, ya zo ya gina wurin wasanni a Kano da sunansa a jiki, amma shi kuɗin Rasha da Ingila da Saudiyya ne suka ba shi wannan ƙarfin, ɗan dambe ba shi da su.

Na san za a ce ai ba masaƙa, ba wuta, in ka fito da riga yau jibi an kwaikwayo ta daga Chana an cika Kwari da ita a rabin kuɗi, kuma duk gaskiya ne, Perry ya samu masaƙun Leicester a tsaye da dokar da ke kare tambari da kotun da za ta saurare shi. Amma ni ina ganin ko an gyara wannan duka akwai sauran matsala, kuma tana wurinmu masu saye. Yaron Landan ya sa sunan ɗan masaƙa a ƙirji yana taƙama da shi don yana ganin nasu ne. Mu kuwa ɗan boko ko ɗan kasuwan da zai biya kuɗi ya shiga gidan dambe ya yi ihu har muryarsa ta dishe, ka kawo masa riga mai kyau da sunan wannan ɗan damben a jiki ka ce ya sa ya je ɗaurin aure ko ofis, zai ce maka shi ba ɗan tasha ba ne, sannan ya je ya sayi jesin Arsenal na jabu da sunan wani yaron unguwar talakawan Landan a baya ya sa ma 'ya'yansa duka.